Gidan Ƙasa da Tarihin Waɗanda Ba a Rubuta Ba

Wanda ya nemi tarihin ƙasar Zazzau a takarda zai same shi a jere, sarki bayan sarki. Malam Musa ya karɓo tuta ya shiga Zariya a farkon ƙarni na 19, Sarki Makau ya fice ya yi kudu, ɗan'uwansa Abu Ja ya kafa Abuja ta asali a 1828, sarauta ta riƙa zagayawa tsakanin Mallawa da Barebari da Katsinawa da Sulluɓawa, har Turawa suka iso a 1902. Duk wannan gaskiya ne, sai dai ba zai gaya wa mutumin Ɗandamisa, ko na Hunƙuyi ko Paki ko Likoro, kome game da kakar kakarsa ba: wa ta aura, me ta iya, da kuɗin me ta sayi gishiri. Girgam, wato irin wannan jerin sunaye, na sarakuna ne. Manomin da ya biya kuɗin ƙasa, da matar da ta kaɗa zaren da aka saƙa wa hakimi riga da shi, da bawan da ya yi noman gandu, ba wanda ya ɗauki alƙalami dominsu. Abin da suka bari shi ne gida da tarkacen da ke cikinsa. Hujjar da nake son kafawa ita ce, tsohon gidan ƙasa na ƙauyukan Maƙarfi da Kudan da Ikara kundi ne na gaske wanda ake iya karantawa, amma irin kundin da ba ya rayuwa sai da hannu mai yaɓe da baki mai faɗin suna. In ɗaya daga cikin biyun ya tsaya, rubutun ya fara gogewa ke nan.

A fara da fasalin gidan kansa. Kowa ya san tsarin: zaure a bakin hanya, sai filin ƙofar gida inda samari da baƙi ke kwana, sai shigifa, sannan cikin gida da turaka da ɗakunan mata da rumbuna. Abin da ba kowa ke lura da shi ba shi ne yadda gidaje biyu ba sa taɓa zama iri ɗaya, domin kowane gida siffar zuriyarsa yake ɗauka. Ɗakin da aka liƙa a jikin katanga ta gabas aure ne aka yi wata shekara da gero ya yi kyau. Danga ko gajeriyar katangar da ta raba tsakar gida biyu, ranar da aka ta da ita ce ranar da wa da ƙani suka daina cin tuwo daga tukunya ɗaya. M. G. Smith, wanda ya yi bincike a ƙauyukan Zazzau a 1949 zuwa 1950, ya yi dogon bayani a kan gandu, wato zaman da uba da 'ya'yansa ko 'yan'uwa maza ke yi suna noma tare suna ci tare. Rabuwar gandu ba a rubuta ta a ko'ina, amma tana barin alama: murhu na biyu, rumbu na biyu, daga baya kuma ƙofa ta biyu da aka huda a katanga. Ƙofar da aka toshe da tubali, wadda har yanzu ake ganin zanenta a ƙarƙashin yaɓe, kusan kullum akwai magana a bayanta, ko mutuwa ko ɓatawa ko rabon gado. Friedrich Schwerdtfeger, wanda ya auna gidajen birnin Zariya ɗaki ɗaki ya fitar da littafinsa a 1982, ya nuna yadda gida ke kumbura yana motsewa daidai da haihuwa da aure da mutuwar mutanen cikinsa. Sai kuma sunaye. A gidan gado za a ji ana cewa a kai tabarma ɗakin Inna, ko a ɗaure akuya a sashen Baffa, alhali Inna da Baffa sun shekara talatin a ƙasa, mai aiken da wanda aka aika duk ba su taɓa ganinsu ba.

Kayan ginin ma suna da abin faɗa, kuma a nan ne gidan ke wuce tarihin zuriya ya shiga na sana'a. Azara daga giginya ake tsaga ta, gara ba ta cinta da sauƙi, shi ya sa in ɗaki ya faɗi ba a barinta a kango: a zare ta a rufe sabon ɗaki da ita, har ta kai ga itacen da ke saman kan jariri ya girmi kakansa. Ƙasar katangar da ta zube ita ake sake kwaɓawa a yi tubali. Kududdufin da ke bayan gari, wanda yara ke kamun kifi a ciki da damina, ramin da aka haƙi ƙasar gina gidajen garin ne, zurfinsa da faɗinsa kuwa ma'auni ne na daɗewar zama a wurin. Makuba daga ɓawon ɗorawa take, saboda haka katangar da aka shafe da ita tana ba da labarin itatuwan da ke gonakin garin a lokacin. Wanda ya fi duka ban sha'awa shi ne laso, simintin magina na da, wanda ake haɗawa da katsi da gashin jima da dafara. Katsi dai shi ne abin da ke kwantawa a gindin rijiyar rini. Arewacin Zazzau da kudancin Kano, a ƙarni na 19, yanki ɗaya ne na auduga da saƙa da rini, wanda tufafinsa ke kaiwa har Sahara. Yau mutum zai iya ratsa garuruwa da dama a yankin bai ga marina ko ɗaya tana aiki ba. Amma rufin soron da aka shafe da laso shaida ne cewa akwai marina da majema a kusa, da yawan da har sharar aikinsu ta ishi magini.

A ɗakin mata kuwa shekaru a jere suke kamar yadda kayan suke a jere. Kakannin kakanni da ƙore da faifai da tukwane aka kai su ɗaki, mai hali a ƙara mata tasoshin tagulla. Daga baya kwanonin sha da langa da fanteka masu fenti suka shigo, da farko daga ƙasashen waje, sannan daga masana'antun cikin gida, suka hau bango har kusa da rufi. Bayansu tangaran da kabet suka zo, gadon ƙarfe mai rumfa ya kori gadon kara da na ƙasa, shi ma gadon katako ya kore shi. Tsohuwar da ta san abin, in ta ga zanen da ke jikin murfin kwano, za ta faɗi zamanin auren, wani lokaci har da sunan da aka laƙaba wa yayin. Kuma jere ba ado kawai ba ne. Dukiyar mace ce wadda miji ba shi da iko a kanta, ita ake sayarwa in ta ɓaci, ita ake tsakura a yi wa 'ya kayan ɗaki, don haka kwano ɗaya kan ratsa ɗakuna uku ko huɗu, daga uwa zuwa 'ya zuwa jika, yana bin layin da nasabar maza ba ta lissafawa. A can ƙasan adudu kuma akan tarar da mazari da masaɓi da ɗan ƙarfen gurza auduga. Da waɗannan ne matar kulle ta yi kuɗin kanta shekaru aru-aru. Layin dogo ya ratsa ta wannan yanki ya isa Kano a 1911, kamfanonin Turawa suka buɗe kasuwannin sayen auduga, masaƙar zamani ta fara aiki a Kaduna a 1957, sannu a hankali zaren hannu ya rasa mai saye. Mazarin da aka daina juyawa ya fi kowane rahoto faɗin ranar da wannan sana'a ta fita daga hannun mata. A turaka kuma akwai nasu: gafaka da Alƙur'ani rubutun hannu, allon da hayaƙi ya baƙanta, akushi, kwari da baka, takardun haraji da aka cusa a gorar kara, jefi-jefi har da tukunyar wuri da aka binne aka manta, kuɗin da ya tashi daga aiki tun kafin a san za a yi naira a 1973.

Mai musu na farko zai ce duk wannan daɗin baki ne, domin ƙasa ba ta daɗewa. Katangar da ake nunawa a ce ta kaka ce, an yaɓe ta sau hamsin, an ta da rabinta bayan wata damina, to ina tsufan yake? Maganar tana da ƙarfi in an ɗauka cewa tsufan gini yana cikin ƙwayar ƙasarsa ne. Bahaushe bai taɓa ɗaukar haka ba. Abin da ake gada shi ne wurin, da fasalin, da sanin yadda ake gyarawa. Masallacin Juma'a na Zariya, wanda Babban Gwani Muhammadu Durugu ya gina a zamanin Sarki Abdulkarimu, wanda ya yi sarauta daga 1834 zuwa 1846, bai daɗe a tsaye don ƙasarsa ta fi ta kowa ba. Ya daɗe ne don an sami magina, zuriya bayan zuriya, da suka san yadda bakan gizon rufi ke ɗaukar nauyi da inda ruwa ke nema ya shiga. Babban masallacin Jenne a ƙasar Mali, wanda ginin da ke tsaye yanzu na 1907 ne, duk shekara garin ke fitowa a yaɓe shi, ba kuma wanda ya ce don haka ya zama sabo. Hasali ma wannan rauni na ƙasa shi ne ya sa ta riƙe labari. Ginin da dole a taɓa shi kowace kaka, bayan an gama girbi, yana tara mutane a jikinsa. Yaro na miƙa curin ƙasa, babba na kan tsani yana cewa a yi hankali da nan, nan ne ɗakin da aka haifi wane, wancan indararon kuwa wane ne ya sa shi shekarar da aka yi fari. Daɓen da mata ke taruwa su yi da maɗabi haka yake. Bulo da siminti ba sa neman wannan hidima, shi ya sa ba sa tara kowa.

Mai musu na biyu ya fi wuyar amsawa. Zai ce kwano ba ya magana, mutane ne ke magana, baki kuwa yana ƙari yana ragi. Kowace zuriya tana son kakanta ya zama malami ko jarumi ko bafataken da ya je Gwanja, ko takobin da ke rataye a zaure a kasuwa aka saye shi shekaran jiya, labarin yaƙi zai same shi. Haka ne. Ko labarin Babban Gwani bai tsira ba, domin har yau ana ba da hikayar wai wani sarki ya sa an kashe shi don kada ya gina wa wani irin abin da ya gina masa, hikayar da ake ba da irinta a kan gwanayen magina a ƙasashe da yawa. Amma abin da wannan ke nunawa shi ne baki na bukatar mai tsawata masa, abin hannu kuwa shi ne mai tsawatarwar. A. H. M. Kirk-Greene ya fitar da ɗan littafi a 1963 a kan gidajen Zariya masu zane, inda magina suka riƙa zana keke da mota da agogo a fuskar zaure tare da dagi. Zauren da ke da keke a goshinsa ba zai yi da'awar ya ga jihadi ba, kome zaƙin bakin mai gidan. Wani lokaci ma gida kan riƙe abin da baki ya ƙi faɗa. Zazzau ƙasar rinji ce, ƙauyukan bayi masu noma wa iyayengiji. Dokar Turawa ta 1901 ta 'yanta 'ya'yan da aka haifa daga shekarar, ba a kuma soke bautar gaba ɗaya a Arewa ba sai 1936. Yau jikokin masu bayi da jikokin bayin duk sun gwammace a bar zancen, kuma suna da dalili. Duk da haka sunan unguwa, da wani sashe da ke can gefen gida da ƙofarsa daban, da gaisuwar da wani gida ke kai wa wani da Salla ba tare da dangantakar jini ba, suna nan suna faɗa. Littafin Baba ta Karo, wanda Mary Smith ta rubuta daga bakin tsohuwar a Giwa a 1949 zuwa 1950 aka buga a 1954, ya yi daraja ne don an sami mace ɗaya, haifaffiyar wajen 1877 a kan iyakar Kano da Zazzau, ta faɗi irin wannan a fili, da rinjin gidansu da aurarrakinta da kayan ɗakinta. Irinta dubbai ne suka tafi ba wanda ya zauna da su. Inda zan sallama wa mai musun shi ne nan: ranar da mai faɗin sunan ta rasu ba ta gaya wa kowa ba, tasar tagulla ta koma nauyin da ɗan gwangwan zai ɗora a sikeli.

Akwai kuma mai jin tsoron abin ta fuskar addini, cewa riƙe kayan matattu ƙofa ce ta camfi, gado kuma haƙƙi ne da Allah ya yanka wa kowa rabonsa, bai kamata a daskarar da shi don marmarin tarihi ba. Rabin farko na wannan magana amsarsa a gidajen malamai take, domin ba wanda ya kai su adana abin da aka bari: littafin kaka da sharhinsa a gefen shafi, da sunan wanda ya kwafa da na malaminsa. Ajiye akushi don a ce wane ya ci a ciki daban, neman wata fa'ida daga jikin akushin daban. Rabi na biyu kuwa ba a ja da shi. Marainiyar da rabonta ke cikin gidan ba za a ce ta haƙura don zaure ya yi kyau a hoto ba. Sai dai a lura, shari'ar gado ba yau ta zo ba, gidajen gado kuma sun rayu tare da ita ɗaruruwan shekaru, saboda magada kan bar gidan a haɗe kowa ya zauna a rabonsa. Abin da ya sauya shi ne fili ya yi kuɗi, musamman a garuruwan bakin titin Zariya zuwa Kano, magada da yawa kuma suna Kaduna ko Abuja ko Ikko, rabonsu a aljihu suke sonsa.

Musun da ya fi kowanne gaskiya shi ne na wanda ke kwana a cikin gidan. Mai yabon soro daga birni ba shi ne ke tashi da tsakar dare a watan Agusta yana tara kwano a ƙarƙashin yoyo ba. Azara ta yi tsada don giginya ta ƙaranta, maginan da suka iya ɗaurin guga sun tsufa, samarin da za su kwaɓa ƙasa suna gonar rake ko tumatir ko kan babur suna neman na kansu. A watan Agustan 2023 wani sashe na masallacin Babban Gwani kansa ya rufta a kan masallata ana sallar la'asar, aka yi asarar rayuka. Bayan wannan ba mai hankalin da zai ce wa manomin Ɗandamisa ya ƙi bulo da kwanon rufi in kuɗin mazarƙwaila sun shigo. Abin dubawa shi ne gidan wa ake ganin ya isa a adana. Gidan Sardauna a Kaduna ya zama Gidan Arewa a 1970, gidan Malam Aminu Kano ya zama cibiyar Mambayya, Gidan Makama da Gidan Ɗan Hausa suna karɓar baƙi a Kano, a Jos ma an gina kwafin masallacin Zariya a gidan tarihin gine-ginen gargajiya, aikin da Zbigniew Dmochowski ya tsaya a kai. Duka sun cancanta, duka kuma na manya ne, wato girgam ɗin nan dai aka sake rubutawa da tubali. Gidan mai kaɗi da na marini da na mai fawa ba hukumar da za ta zo dominsa, ba kuma lalle ne a hana rushe shi ba. Abin da yake bukata ƙarami ne: kafin a sa diga, a sami ɗan gidan da ya yi makaranta ya zana fasalinsa a takarda, ya riƙe waya ya bi tsohuwar gidan ɗaki ɗaki tana faɗin wa ya gina, wa ya kwana, wa aka haifa, ina aka binne cibiyar wa. Jami'ar Ahmadu Bello tana Samaru tun 1962, da sashen tarihi da na zanen gine-gine, tafiyar da ba ta kai rabin yini ba daga kowane ƙauye na ƙananan hukumomin Maƙarfi da Kudan da Ikara.

Hausa ta raba kango da kufai, rabon kuma ya dace da zancen nan. Kango gini ne da ya faɗi amma ana sane da mai shi, mai wucewa zai ce kangon gidan wane. Kufai kuwa garin ne ya tashi gaba ɗaya, saura kukoki a tsaye da tudun da ya ɗan fi gona tsayi. Irinsu suna da yawa a arewacin Zazzau, wasu yaƙi ya tashe su, wasu annoba, wasu kuwa bin layin dogo da titi mutanensu suka yi. Da farkon damina garma kan tono tsingaro a irin wuraren nan, wani lokaci da dutsen niƙa wanda tsakiyarsa ta lotsa, lotsawar da sai mata da yawa sun durƙusa a kansa shekaru masu yawa kafin ta samu. Manomin kan ɗauke shi ya ajiye a kan iyakar gona don kada ya karya masa garma, ya ci gaba da huɗa.